Hoton da Babu Shi a Albam: Yadda Masu Fim Ke Tono Tarihin Gidajensu

Asmae El Moudir ta tashi a wata unguwar talakawa a Kasablanka, ƙasar Maroko, a gidan da babu hoton kowa. Kakarta ce mai faɗa a ji a gidan, kuma ta riga ta yanke hukunci cewa hoto haramun ne, ba a ɗauka, ba a ajiyewa. Wanda ta yarda a rataya a bango shi ne na Sarki Hassan na Biyu. Da yarinyar ta ishi mahaifiyarta da tambayar ina hotonta na ƙuruciya, sai uwar ta samo wani hoton yara 'yan makaranta, ta ɗora yatsa a kan wata yarinya can baya, ta ce ga ki nan. Asmae ta duba, ta ƙara dubawa, ranta ya ba ta cewa wannan ba ita ba ce.

Daga wannan 'yar ƙaryar ta uwa aka samu fim ɗin da ya fito a 2023, wanda sunansa na Larabci shi ne Kadib Abyad, wato irin ƙaryar nan da ake yi don a zauna lafiya. Da Asmae ta bi sawun hoton da babu shi, sai ya kai ta ga abin da ya fi shi girma. A watan Yunin 1981, tun ba a haife ta ba, an ƙara kuɗin kayan abinci, mutanen Kasablanka suka fito kan titi, jami'an tsaro suka buɗe wuta. Gwamnati ta ce mutum 66 ne suka mutu, 'yan adawa suka ce sun haura 600. An binne mutane da yawa a ramuka ba tare da sanin danginsu ba. Abin ya shafi unguwarsu, amma a gidansu ba a zancen, kuma kusan babu wani hoto da ya rage na wannan rana.

To yaya mutum zai yi fim ɗin gaskiya a kan abin da babu hotonsa, waɗanda suka gani da ido kuma sun kulle baki shekara 40? Mahaifin Asmae magini ne, sai ta sa shi ya gina mata unguwar tasu 'yar ƙarama, gida-gida, lungu-lungu, har da ƙofofi da tagogi. Aka yi wa kowa 'yar tsanarsa, mahaifiyarta ta ɗinka musu tufafi. Sannan ta tara su a ɗaki guda, uwa da uba da kaka da wasu maƙwabta biyu da abin ya rutsa da su a 1981, ta ajiye unguwar a gabansu. Mutumin da ba zai iya kallon kyamara ya ce ga abin da aka yi mini ba, da ya ga titinsu a gabansa, ya ga kansa a tafin hannunsa, sai ga shi yana nuna yadda aka cusa su a ɗakin tsarewa har numfashi ya gagari wasu. Hannu ne ya fara motsi, baki ya biyo baya. Kakar kuwa tana gefe da sandarta, ta raina 'yar tsanar da aka yi mata, tana hararar kowa. Labarin zuciya a tambayi fuska. Fushin tsohuwar nan da shirunta sun gaya wa mai kallo abin da tsoro yake yi wa gida idan ya daɗe a cikinsa. Fim ɗin ya ci kyauta a bikin fina-finai na Cannes a Faransa a shekarar da ya fito.

Irin wannan aiki ne ake kira fim ɗin gaskiya na gwaji. Fim ɗin gaskiya na yau da kullum, wanda 'yan sana'ar ke kira dokumentari, kowa ya san fasalinsa daga talabijin: murya mai natsuwa tana bayani, masani ya zauna gaban kantar littattafai, a nuna tsofaffin hotuna, a ƙarshe a miƙa maka amsa. Na gwaji ya sauka daga wannan turba. Mutanen da ke cikinsa na gaske ne, abin da ya same su ma na gaske ne, amma mai fim ɗin yana iya kawo 'yar tsana, ko zane, ko 'yan wasa, ko ya raba murya da hoto, ko ya kafe kyamara a wuri guda minti goma ba ta motsi. Wasu na ɗaukar wannan iyayi ne da son burge alƙalan gasa. Akwai masu yin sa don haka, ban musa ba. Amma a cikin waɗanda suka amsa sunansu, za ka tarar larura ce ta haifi salon. Kowannensu ya je neman wani abu a tarihin gidansu ya tarar da giɓi, kuma fasalin giɓin ne ya gaya masa kayan aikin da zai ɗauka.

Dole a nan mu tsaya kan ita kanta tunawa, don ita ce tushen maganar. Mukan ɗauka ƙwaƙwalwa kamar kaset ce, abin da aka naɗa shi za a ji. Masana sun daɗe da nuna ba haka take ba. Duk lokacin da mutum ya tuno abu, sabon gini yake yi da guntayen da suka rage, ya cike gurbi da abin da ya ji daga baya. A 1995 Elizabeth Loftus, masaniyar halayyar ɗan Adam a Amurka, da abokiyar aikinta suka gwada mutum 24. An ba kowanne gajerun labarai huɗu na ƙuruciyarsa, aka ce daga bakin danginsa aka samo su. Uku gaskiya ne, ɗaya ƙagagge: wai ya taɓa ɓacewa a wani babban kanti yana ɗan shekara biyar. Kusan kashi ɗaya cikin huɗu suka ce sun tuna da ɓatan, ko duka ko wani sashe. Abin lura shi ne da sunan dangi aka dasa musu labarin. Yawancin abin da muke cewa mun tuna na yarintarmu, uwa ce ko goggo ko yaya ta faɗa mana, muka maimaita har ya zama namu. Ke nan wanda ke tambayar ko shi wane ne, dole ya koma ga waɗanda suka ba shi labarin kansa, su ma kuma da abin da suka zaɓi su faɗa da wanda suka zaɓi su haɗiye.

A gidanmu akwai wani albam mai bangon leda, a cikinsa akwai hoton wani suna da aka yi tun ban yi wayo ba. Mata sun jeru a tsakar gida, amma an sa reza an yanke mace guda daga cikinsu. Wanda ya yanke bai gama aikin ba, ya bar hannunta a kafaɗar wani yaro, yatsun sun sha lalle, ga warwaro biyu a wuyan hannun. Na shekara da shekaru ina kallon hannun nan, kuma duk wanda na tambaya sai ya kawar da zancen. Sai da na girma na ji cewa matar wani kawuna ce da aure ya mutu da rigima. Duk sanda na kalli ɗaya daga cikin waɗannan fina-finai, hannun nan nake tunawa, don kusan dukansu daga irin wannan wuri suke farawa.

Wanda giɓinsa ya fi na kowa faɗi shi ne Rithy Panh na ƙasar Kambodiya. Yana yaro mayaƙan Khmer Rouge suka shiga birnin Phnom Penh ranar 17 ga Afrilun 1975, suka kwashe mutanen birnin kaf zuwa sansanonin aikin dole a karkara. Kafin mulkinsu ya faɗi a farkon 1979, kimanin mutum miliyan 1.7 sun mutu ta hanyar yunwa da cuta da kisa. Mahaifin Panh ya daina cin abinci har ya rasu, mahaifiyarsa ma ba ta tsira ba. Da ya girma ya zama mai fim, ya shiga rumbunan ajiya yana neman hoton abin da idonsa ya gani. Abin da ya tarar shi ne fina-finan farfaganda da masu mulkin suka ɗauka da kansu: dubban mutane suna jidar ƙasa a kwanduna kamar tururuwa, shugabanni suna tafi suna murmushi. Babu yunwa a ciki, babu gawa. Sai ya sa aka sassaƙa ɗaruruwan ƙananan mutum-mutumi da laka, aka yi musu fenti da hannu, aka jera su a gonakin shinkafa da bukkokin asibiti na wasa. Ba sa motsi, ba sa magana, kyamara ce ke yawo a tsakaninsu murya na ba da labari. Fim ɗin, The Missing Picture, wato hoton da babu shi, ya fito a 2013, ya ci kyauta a Cannes, ya kuma shiga takarar Oscar.

Mu mun saba cewa gani ya kori ji. Aikin Panh ya sa dole a sake duba wannan magana. Hoton da kyamara ta ɗauka a wurin, a lokacin, da mutane na gaske, shi ne maƙaryacin. Lakar da aka murza bayan shekara 30 da wani abu, ita ce mai gaskiya. Ashe kafin ka yarda da hoto sai ka tambayi wanda ya riƙe kyamarar, da inda ya juya ta, da abin da ya bari a bayansa.

Wannan tambaya ta shafi har hotunan gida da babu mugun nufi a cikinsu. A 1965 kamfanin Kodak ya fito da zaren ɗaukar fim mai suna Super 8, wanda ya sauƙaƙa wa iyalai a Turai da Amurka ɗaukar kansu. Ƙunshi guda minti uku da ɗoriya yake ɗauka, da tsada, kuma da farko babu sauti. Saboda haka ba mai ɓarnatar da shi sai a ranar farin ciki, biki ko hutu ko zagayowar haihuwa. Babu wanda ke ɗauko kyamara a daren da aka yi faɗa. Sarah Polley, 'yar Kanada, ta gina fim ɗinta Stories We Tell na 2012 a kan wannan. Mahaifiyarta ta rasu a 1990, lokacin Sarah tana 'yar shekara 11. A gida ana yawan tsokanarta cewa ba ta kama da babanta, har dai ta girma gwajin ƙwayar halitta ya tabbatar cewa wani mutum dabam ne ya haife ta. Ta zaunar da yayyenta da abokan mahaifiyarta da iyayen nata maza biyu, kowa ya ba da nasa labarin, labaran kuma suka riƙa cin karo da juna. Tsakanin hirarrakin ana nuna tsofaffin hotunan Super 8 na uwar tana dariya, tana waya, tana kai da kawo. Sai dab da ƙarshe kyamara ta ja baya, ka ga Sarah tsaye tana ba da umarni, ka gane cewa da yawa daga hotunan nan sababbi ne, 'yar wasa ce ta fito a matsayin uwar.

Wata hanyar kuma ita ce a raba ido da kunne. Chantal Akerman 'yar Beljiyam ta zauna a New York a farkon shekarun 1970 tana matashiya, mahaifiyarta na aiko mata wasiƙu daga Brussels. Daga baya ta koma ta ɗauki titunan birnin da tashoshin jirgin ƙasa na ƙarƙashin ƙasa, ta ɗora muryarta a kai tana karanta wasiƙun: yaushe za ki dawo, me ya sa ba ki rubuto ba, mun aiko miki kuɗi ko sun iso. Ba a ganin uwar, ba a ganin 'yar. Wani lokaci ƙarar mota ko jirgi ta danne muryar, kana so ka ji amma ba ka ji. Duk wanda ya taɓa zama a baƙon gari uwa na kiransa yana amsawa da rabin hankali, ba ya bukatar a yi masa bayanin wannan fim mai suna News from Home. Irin wannan dabara ta taɓa biyowa ta Nijar ma. Jean Rouch, mai fim ɗan Faransa, ya ɗauki fim ɗin Jaguar a tsakiyar shekarun 1950, a kan samari uku da suka tafi cin rani Gwalkwas, Ghana ta yau, ba tare da sauti ba. Sai daga baya biyu daga cikinsu, Damouré Zika da Lam Ibrahim Dia, suka zauna suna kallon kansu suna ba da labari a kai, suna tunawa suna ƙarawa.

Yanzu ga tambayar da kowa zai yi: idan an kawo 'yar wasa, an gina unguwar wasa, an murza laka, da wane baki za a kira wannan fim ɗin gaskiya? Ni ma'aunina guda ne, a bar ɗinkin a fili. Panh yana nuna maka hannun da ke sassaƙa lakar tun daga farko. Asmae tana nuna mahaifinta yana gini, mahaifiyarta tana ɗinki. Babu wanda aka yaudara, an dai ce maka hoton babu shi, ga abin da muka sa a gurbinsa. Na Polley ne ya fi tsaya mini a rai. Na fahimci nufinta, tana so mai kallo ya ɗanɗana yadda tunawa ke ruɗin mutum, kuma ta fito ta nuna dabarar kafin a tashi. Amma wanda ya ga guntun fim ɗin a waya bai kai ƙarshe ba, ya tafi da fuskar wata a matsayin fuskar mamaciya. A wannan zamani da ƙirƙirarriyar basira ke iya sa hoton kakanka ya yi murmushi ya ɗaga hannu, ina ganin nauyin nuna ɗinki ya ƙaru a kan duk mai wannan sana'a.

Sai dai abin da ya fi wannan wuya shi ne amana. Sirrin gida ba na mutum ɗaya ba ne. Ranar da 'ya ta ce za ta ba da labarinta, ta ɗauko na uwarta da na ubanta da na 'yan uwanta a ciki, kuma wasunsu suna kabari, ba su da bakin kare kansu. Ga shi iko duka yana hannun wanda ke ɗakin tacewa. Za a naɗi hirar awoyi masu yawa, a zaɓi minti 90, kuma jumla guda idan aka sauya mata wuri tana iya mayar da mai haƙuri azzalumi. Mutumin da ya haifi Sarah Polley ya faɗa mata a cikin fim ɗin cewa bai yarda a daidaita bakinsa da na kowa ba, don shi da marigayiyar ne kaɗai suka san abin da ya gudana tsakaninsu. Ba ta bi ra'ayinsa ba, amma ta bar ƙorafin nasa a ciki, kuma wannan adalci ne.

Kaouther Ben Hania 'yar Tunisiya ta taka wuri mafi santsi a fim ɗinta Four Daughters na 2023. Wata uwa ce, Olfa Hamrouni, mai 'ya'ya mata huɗu, manyan biyu suka gudu Libiya suka shiga ƙungiyar IS. Ben Hania ta kawo 'yan wasa biyu su tsaya a gurbin waɗanda suka tafi, su zauna da ƙannen na gaske, ta kuma kawo fitacciyar jaruma Hend Sabri ta karɓi matsayin uwar a duk inda abin ya fi ƙarfin Olfa. Suna maimaita abubuwan da suka faru a gidan, har da dukan da uwar ta riƙa yi musu, Olfa na tsaye tana gyara wa jarumar, wani lokaci jarumar ta juyo ta ƙalubalance ta. Ɗan wasa guda ne ya fito a matsayin duk mazan labarin, kuma akwai inda ya ce a tsayar da kyamara, ba zai iya ci gaba ba. An bar wannan a cikin fim ɗin. Na kalle shi zuciyata a rabe. Na ga 'yan mata sun samu damar gaya wa uwarsu abin da ba su taɓa iya furtawa ba. Na kuma riƙa tambayar kaina, bayan an naɗe wayoyi an kashe fitilu, duniya ta gama kallo, wa zai zauna da su da abin da aka tono?

Shi ya sa nake girmama abin da Aïcha Macky 'yar Damagaram ta yi a 2016 a fim ɗinta L'arbre sans fruit, bishiyar da ba ta 'ya'ya. Matar aure ce da ba ta samu haihuwa ba, a cikin al'ummar da kowa ya san irin kallon da ake yi wa mace a wannan hali, da sunan da ake kiranta da shi a bayan ido, alhali ba a cika tuhumar miji ba. Kafin ta nemi wata mace ta buɗe mata ciki, ta fara buɗe nata. Ta tsara fim ɗin kamar wasiƙa zuwa ga mahaifiyarta wadda ta rasu wurin haihuwa: uwa ta rasa ranta garin ba da rai, 'ya kuma tana shan azaba don ta kasa bayarwa. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, kuma matan da suka yi magana a gaban kyamararta sun san da 'yar uwarsu suke magana. Fim ɗin ya ci kyautar fim ɗin gaskiya mafi kyau a gasar fina-finan Afirka ta AMAA a shekarar.

Ba kullum ne bakin da aka kulle yake buɗewa ba. Mahaifiyar Chantal Akerman, waccan mai wasiƙun, Bayahudiya ce 'yar asalin Poland da ta tsira daga sansanin Auschwitz, inda iyayenta suka mutu, kuma ba ta zancen abin da ta gani a can. Kusan shekara 40 bayan fim ɗin wasiƙun, Akerman ta ɗauki ƙaramar kyamara ta shiga gidan uwar a Brussels. Takan ajiye ta a kan tebur ko a bakin ƙofa ta bar ta tana ɗauka. Suna zaune a kicin suna cin dankali, suna hirar dangi da addu'o'in da aka daina yi a gidan, 'yar tana kewaye-kewaye kusa da maganar, uwar tana zamewa. Idan Akerman ta yi tafiya sai su yi magana ta Skype, uwar ta matso da fuskarta jikin gilashi har ta dushe, kowacce ta kasa kashe kiran. A hankali ƙarfin tsohuwar yana raguwa, tana yawan barci a kujera, 'ya'yanta na tashinta suna roƙonta ta ba su labari. Ta rasu a 2014. An fara nuna fim ɗin, No Home Movie, a watan Agustan 2015, Akerman kuma ta rasu a watan Oktoban wannan shekarar. A ƙarshen fim ɗin kyamara na kallon falon gidan, kujeru da tebur duk suna inda suke, babu kowa a ciki.